Super Cub C125: kwalliyar tsohon yayi ce kawai, ko akwai daɗin hawa?

Ɗalibi a Serdang:
Assalamu alaikum jama'ar gida. Wata huɗu ke nan da na sayi babur na hannu a nan Maleshiya, Honda Super Cub C125, kuma tun ranar nake son in kawo maganarsa gabanku. Duk wanda ya tashi a Kano ko Zariya, da ya gan shi zai ce mashin roba-roba ne aka yi wa wanka. Ba zai yi ƙarya ba, domin duk roba-robar da ke yawo a garuruwanmu daga zubin wannan gidan aka kwaikwayo ta. Fitila zagayayya, farar garkuwa a gaban ƙafafu, jiki shuɗi, sirdi ja, kamar dai na farkon da aka fitar a Japan a 1958. Amma cikinsa na yau ne: babu kafireto sai injekta, birkin gaba faifai ne mai ABS, wato na'urar da ke hana taya kullewa in an matsa birki da ƙarfi, kuma makullin yana aljihunka za ka murɗa ka tayar.

Ba kyan ne ya kama ni ba, hawan ne. Nauyinsa kusan kilo 110, injin kwance yake can ƙasa, tankin mai kuma yana ƙarƙashin sirdi, saboda haka nauyin duk yana tsakanin ƙafafunka. In za ka sha kwana ba ka kokawa da kan babur, karkata kawai za ka yi ya bi ka. Giya huɗu ce, babu kulochin hannu. Ka sassauta totur, ka taka, ka ji ƙas, ka ci gaba. A cunkoson yamma, lokacin da masu manyan babura ke ta matsa kulochi har hannu ya ƙage, ni hannun haguna hutawa yake. Ƙararsa kuma ƙasa-ƙasa ce, in na dawo daga ɗakin karatu da tsakar dare maƙwabta ba sa sanin na shigo.

Tambayata ita ce: me ya sa muke raina wannan zubin a gida? Saurayi ya gwammace ya ci bashi ya sayi mai ƙaton tanki da ya hau roba-roba, alhali don zirga-zirgar cikin gari ban taɓa hawa abin da ya kai shi ba.

Na Kantin Kwari:
Wa alaikumus salam. Malam, kafin mu je ga daɗi, faɗa mana kuɗi. Na duba, lokacin da aka kai shi Amurka a 2019 dala 3,599 aka sa masa. Juya wannan zuwa naira a canjin yau, ka ga Boxer nawa za ka jera a ƙofar gida. Inji cc 125 ne fa, ƙarfinsa bai cika doki 10 ba. Ni a ganina tunawa da da ake sayar muku, kuma da tsada.

Ɗalibi a Serdang:
Yaya, maganar tsada ban musa ba, shi ya sa ma na nemi na hannu. A nan ma ba shi ne babur ɗin talaka ba. Talaka Honda EX5 yake hawa da 'yan uwansa, waɗanda suke kira kapcai, su ne suka cika titi. Amma ka lura, su ma ɗin zubi ɗaya ne da shi. Abin da nake yabo yana jikin mai arahar ma.

Kawu Mai Ritaya:
Ɗana, ka tayar mini da tsohon miki mai daɗi. Da kuɗin Udoji, ƙarin albashin nan da gwamnati ta yi wa ma'aikata, na sayi Honda C70 a 1975, ina malamin firamare. Abokan aikina duk manya suka saya, wasu Vespa, ni suka ce na sayo na mata. Shekara 19 ina hawansa. Da shi na kai uwar 'ya'yana asibiti haihuwar fari, da shi nake zuwa ƙauye duba gona ran Asabar, buhun gero a baya.

Abin da yaran yanzu ba su sani ba, mu da babbar riga muke zuwa aiki ran Juma'a. Babur mai tanki a gaba sai ka tattare riga ka ɗaga ƙafa ka ƙetara kamar mai hawa doki. Wannan kuwa ta tsakiya za ka zura ƙafa ka zauna da mutuncinka. Garkuwar nan ta gaba ita ke tare maka taɓo da damina, ka isa makaranta wandonka fes. Sarƙa kuma a rufe take cikin akwatinta, ba ta cin bakin riga, ba ta shan ƙura.

Ina da tambaya. Namu na da, in ka matsa birkin gaba, maimakon kan ya nutse sai ya ɗan ɗago sama. Sabon ma haka yake yi?

Bakanike Tudun Wada:
Kawu, Allah ya ƙara lafiya. Bari in amsa kafin mai babur ya zo. A'a, sabon ba ya yi. Naku ƙafar gabansa wani ɗan guntun hannu ne ke riƙe da taya, yana lilo daga ƙasa, shi ya sa in birki ya kama sai ya tura kan sama. Na yanzu shokazoba mai zugewa aka sa masa irin ta sauran babura, tana nutsewa in an taka birki, kuma ta fi shanye rami.

Shi kuma rashin kulochin hannu, mutane suna zaton babu kulochi ne sam. Akwai, har ma aiki biyu ake yi a ciki. Akwai wasu 'yan nauyaya da ke buɗewa in inji ya ɗau juyi, su kama, babur ya tashi. In juyi ya sauka su saki, shi ya sa kana tsaye da giya a ciki ba ya mutuwa. Sannan ita kanta ƙafar giyar, lokacin da ka taka ta, tana sakin kulochi na ɗan lokacin kafin giyar ta shiga. Wanda ya iya, yana sakin ƙafar a hankali, ba za ka ji fizga ba ko kaɗan. Wanda bai iya ba shi ne za ka ga babur na zabura da shi a kowace giya.

To amma Malam na Serdang, ni ga inda nake da ja. Shekarata 22 ina kwance inji, kuma abin da ya sa tsohon ya yi suna shi ne duk garin da ya lalace akwai mai gyara shi da sifana uku. Wannan naka fa? Ba shi da kik. Batir ya mutu, famfon mai ba zai tura ba, makullin ma ba zai amsa ba. Injekta ba ta son datti, mu kuwa rabin man da muke sha daga galan ɗin 'yan bumburutu yake fitowa. Kwanan baya aka kawo mini wani babur mai injekta da aka ɗura wa mai da ruwa a hanya, kwana tara yana shagona muna jiran kaya daga Legas. Da kafireto ne, minti 20 na wanke na ba shi abinsa. Na uku, ƙafafunsa na alminiyon ne ba sifok ba. Sifok in ya daki rami ya lanƙwashe, a miƙe shi. Alminiyon tsagewa yake.

Ɗalibi a Serdang:
Oga, na karɓi ta kik da ta mai, ba ni da amsa. Amma ta ƙafafun akwai riba a ciki: tayar ba ta da tub. Ƙusa ta taɓa shiga tayata ta baya, ban ma sani ba sai washegari da na ga iska ta ragu. Da mai tub ce, a take za ta sace, wataƙila ina tsakiyar gudu. Kuma injektar nan ita ta kawo ƙarancin shan man. Kamfanin ya ce lita ɗaya tana kai kilomita 66 da ɗoriya a gwajinsu. Tankin lita 3.7 ne, ka ga a lissafi ya kusa kilomita 250, wato Kano zuwa Kaduna da ragowa. Ni ban cika samun haka ba don ina da nauyin hannu, amma sau ɗaya nake shiga gidan mai a mako. Tun da aka cire tallafin mai a Najeriya a watan Mayun 2023, wa zai ce wannan ƙaramin abu ne a gida?

Malama daga Damagaram:
Salamu alaikum. Ku yi mini haƙuri in shigo maganar maza, don a wajenmu ba ta maza ba ce su kaɗai. Nan Zinder mata da yawa muna tuƙa moto, malaman lakwal, ma'aikatan likita, 'yan kasuwa, kuma kusan dukkanmu irin wannan zubin muke hawa, na Sin. Abin da Kawu ya faɗa game da riga, a wurinmu ya fi haka nauyi. Da zani da hijabi ba yadda za ki yi da moto mai tanki a gaba. Kuma duk wadda ta taɓa ganin hijabi ya naɗe a sarƙa ta san rufin nan ba ado ba ne, rai yake tsarewa. Ni kullum sai na tattara nawa na zauna a kai kafin in tayar, ina kuma gaya wa ɗalibaina haka.

Sai dai Malam, daɗin da kake faɗa na kan kwalta ne. Unguwarmu rairayi ne. Siririyar tayar nan tana shiga yashi sai kan ya fara rawa, in ba ki saba ba sai ƙasa. Dabarar da na koya ita ce in koma giya ta biyu tun kafin in shiga, in ja jikina baya, kada in saki totur, kada kuma in taɓa birkin gaba. Rashin nauyinsa ne ke cetona, don ko ya kwanta ni kaɗai nake ɗaga abina.

Kawu Mai Ritaya:
'Yata, Allah ya yi miki albarka. Wallahi haka muke yi a hanyar ƙauyenmu, giya ta biyu da addu'a.

Mai Son Enfield:
Ni fa in ana maganar babur mai kamar na da, ina ganin ba a fara ba sai an ambaci Royal Enfield Classic 350. Na hau shi wata shida lokacin da na kai mahaifiyata jinya Indiya. Ka zauna a kai ka ji bugun injin a ƙirjinka, dum dum dum, ka hau babban titi ka ji ka dasu a ƙasa, iskar tirela ba ta kaɗa ka. Wancan shi ne babur. Cub kuwa keke ne mai inji.

Ɗalibi a Serdang:
Ɗan uwa, ban raina Enfield ba, kyakkyawa ne. Amma kilo 195 ne fa, ya kusa ninka nawa. Ka shiga da shi lungun Kurmi ko Fagge ka yi kwana mu gani. Ka tura shi cikin soro kowane dare, ka haura da shi dakali. Daɗinsa sai a doguwar hanya, ni kuwa tafiyata ta kullum ba ta wuce kilomita 12, da tsayawa a danja wajen sau takwas.

Mai Son Enfield:
Wannan gaskiya ne, a cunkoson Delhi na sha wuya da shi. Amma ban janye ba, wanda bai ji wannan bugun ba bai san abin da nake nufi ba.

Malamin Fisiks:
Ina so in ɗan tsaya kan abin da Kawu ya ambata a wuce, wato Vespa, don a nan ne za a gane sirrin hawan Cub. Vespa, wadda aka fara a Italiya a 1946, tayoyinta inci 8 ne ko 10, injinta kuma a gefe ɗaya yake. Cub tun farko inci 17 aka ba shi. Ku ɗauki rami mai faɗin tafin hannu biyu. Ƙaramar taya faɗawa take ciki ta daki bakin ramin kusan gaba da gaba, duk dukan ya hau kan mai tuƙi. Babbar taya kuwa kafin ta nutse ta riga ta taɓa ɗaya bakin, sai ta mirgine ta wuce. Dalili ke nan da amalanke mai manyan ƙafafu ya fi baro sauƙin turawa a kan burji. Ga kuma juyin babbar taya da ke riƙe babur a miƙe in ya ɗau gudu.

Ba da ka aka yi wannan ba. Japan ta shekarun 1950 yawancin titunanta ba kwalta, kuma Soichiro Honda da abokin kasuwancinsa Takeo Fujisawa abin da suka nema shi ne babur da kowa zai iya hawa a irin waɗannan hanyoyi. Labarin da aka fi sani shi ne Fujisawa ya so yaron da ke kai taliyar soba gida-gida ya iya tuƙi da hannu ɗaya, ɗayan yana riƙe da tire. Daga nan rashin kulochin hannu ya samo asali. Injin farkon cc 49 ne kacal, mai bugu huɗu, a lokacin da ƙananan babura kusan duk masu bugu biyu ne masu hayaƙi da ake haɗa musu mai da baƙin mai. Zuwa 2017 an ƙera miliyan 100, babu wani abin hawa mai inji da ya kai wannan adadi. Saboda haka Na Kwari, siffar da kake kira tunawa da da, kowane lanƙwasa a jikinta amsar wata matsala ce, kuma matsalolin irin namu ne.

Na Kantin Kwari:
Malam, na ji, kuma na ƙaru. Amma ka ce matsalolin irin namu ne. Babbar matsalarmu ita ce lodi. Magidanci a nan babur ɗaya ne da shi, shi ne motar kai yara makaranta, shi ne na ɗauko dila daga tasha. C125 da aka fara fitarwa a 2018 a wasu ƙasashen ma sirdin mutum ɗaya gare shi, sai daga baya aka ƙara na goyo. Boxer kuwa dogon sirdi ne shimfiɗaɗɗe da kariya mai ɗaukar buhu biyu. Ko bayan da aka hana acaɓa a Kano a 2013, mutane ba su bar sayen irinsa ba, don aikin gida ma lodin ne. Ba raini ne ya sa muke barin roba-roba ba, buƙata ce.

Malama daga Damagaram:
Alhaji, wani wurin buƙata ce, wani wurin kuma rainin ne. Ƙanena ɗan lakwal ne, ba abin da yake ɗauka sai jakar littafi, amma ya ce shi ba zai hau irin nawa ba kada abokai su yi masa dariya. Esansin da yake ƙonawa a mako ya isa ni mako biyu.

Ɗalibi a Serdang:
Don kada a ce ina ɓoye aibinsa, ga abin da na gani ranar da na je Port Dickson, bakin teku, tafiyar da ba ta kai kilomita 100 ba daga inda nake. Daga 50 zuwa 70 babur ɗin nan kamar a kan ruwa yake tafiya, madubi ba ya rawa, hannu ba ya zuga. Da ka wuce 80 sai ka ji ya fara neman numfashi, a hawa kuma dole ka dawo giya ta uku. Babbar mota ta wuce ka, iskarta sai ta ɗan ture ka gefe, a nan na tuna da maganar mai Enfield. Shokazobar baya gajeriya ce, in ka daki gargada da gudu har ƙugu za ka ji. Bayan awa ɗaya da rabi sai da na sauka na miƙe ƙafa.

Amma a dawowa na bar babban titi na bi ta ƙauyuka, cikin gonakin kwakwar manja, hadari ya haɗo, iska mai sanyi tana kaɗawa. Ina tafiya 55, ina jin ƙanshin ƙasa, ina amsa sallamar yara a bakin hanya. Ruwa ya sauko, garkuwar nan ta tare mini ƙafafu kamar yadda Kawu ya faɗa. Ban taɓa jin son wani abin hawa irin na wannan yammacin ba. Babban babur yana sa ka kalli titi kawai. Wannan yana barin ka ka ga gari.

Bakanike Tudun Wada:
To in don hanyoyinmu ne, a gidan nasu akwai wanda ya fi dacewa, CT125 da suka fitar a 2020. Injin kusan ɗaya ne, amma ƙafafunsa sifok ne, yana da kik, salansarsa a ɗage take sama, tankinsa ya haura lita 5, ga faffaɗar kariya a baya. Tsakanin cikinsa da ƙasa ya fi na C125 da wajen santimita 4, kuma wanda ya taɓa dukan dutse da ƙasan inji ya san darajar wannan. Malama, shi ne na yashinku. Na Kwari, shi ne na dilarka. Injektar dai tana nan, sai a riƙa tace mai.

Kuma kada mu manta, mu ma muna da namu mai kamar na da wanda bai taɓa tafiya ba balle ya dawo. Honda CG125 tun 1975 aka yi shi musamman don ƙasashen da ba a cika kula da juyen baƙin mai a kan lokaci ba, har gobe ana ƙera shi a Pakistan, kuma yawancin injinan Sin da nake kwancewa kwafinsa ne.

Kawu Mai Ritaya:
Ɗana na Serdang, labarin ruwan nan naka ya sa na tashi na shiga ɗakin ajiya da tocila. Nawa yana nan, an jingine shi da bango tun 1994, buhunan wofi a kansa. Tayoyin sun fashe, ɓera ya cinye sirdin, garkuwar ta koma ruwan ƙasa. Na taka kik ɗin a hankali, ya sauka, bai ƙage ba. Bakanike, ɗana, akwai rai a cikinsa?

Bakanike Tudun Wada:
Kawu, in kik ya sauka kuma kun ji yana turjewa kaɗan, akwai rai. Kada ku sake takawa, kada kuma a zuba masa mai. A cire filogi a ɗiga baƙin mai cokali ɗaya a ramin, a bar shi ya kwana biyu. Tankin ne abin tsoro, tsatsa. A haska ciki da tocilan a gaya mini launin da aka gani. Wutarsa mai bolt 6 ce, batirin sai an nema, amma ko babu shi zai tashi da kik in kwantak ɗinsa bai ci ba. Taya inci 17 kuwa ko'ina akwai. Ku turo mini kwatancen gidan ta akwatin sirri, ran Lahadi bayan la'asar zan zo da yarona da kayan aiki.

Kawu Mai Ritaya:
Allah ya kai mu. Na haska, ja ne a ƙasa amma ban ga huda ba. Makullin ma na same shi, yana cikin tsohuwar jakata ta makaranta.